Raya Sha'awar Yara Ba Tare Da Iyaye Sun Durƙushe Ba

Duk wanda ya ratsa lungunan Kano ko Zariya ko Katsina da la'asar sakaliya, ba zai rasa ganin yaro yana janye da motar da ya ƙera da kara ko gwangwanin madara ba, ya yanko tsohon silifas ya yi mata tayoyi. A wani zauren kuma yarinya ce ta duƙufa da kwarashi da zare tana koyon saƙa, can bayan gida wani yana tsugune gaban tattabarunsa yana watsa musu gero. Manya da yawa sukan wuce irin waɗannan yara ba tare da sun waiwaya ba, wasu ma su kore su da cewa shiririta ce. Alhali kuwa sau da dama a cikin wannan shiririta ne sana'ar mutum take fara tsiro.

Sai dai kuma akwai wata tambaya da ba a cika yi ba, wato wane ne zai ɗauki nauyin wannan sha'awa, kuma har zuwa ina? Magidancin da ya fita tun asuba bai dawo ba sai bayan isha'i, da uwar da ta wuni tsakanin murhu da wanki da 'yar sana'arta, su ne dai ake sa ran su sayi ƙwallo, su nemo malamin zane, su kuma saurari labarin tattabarar da ta yi ƙwai. Idan ba a yi tsari ba, ɗayan biyu ne: ko dai a danne baiwar yaro, ko kuwa iyaye su durƙushe wajen hidimarta.

Abin Da Tarihi Ya Nuna

Misalai daga arewacin ƙasar nan sun isa shaida cewa sha'awar ƙuruciya ba abin rainawa ba ce. Jelani Aliyu, wanda aka haifa a Kaduna a 1966 ya kuma tashi a Sakkwato, tun yana ƙarami yake zanen motoci. Ya karanta zanen gine-gine a kwalejin kimiyya da fasaha ta Birnin Kebbi, sa'an nan a 1990 ya tafi birnin Detroit na Amurka da tallafin karatu na Jihar Sakkwato. Ya kammala a 1994, ya kama aiki da kamfanin General Motors, inda ya zana siffar motar nan mai aiki da lantarki, Chevrolet Volt, wadda aka fara nuna wa duniya a 2007.

Haka kuma marigayiya Ladi Kwali, wadda aka sa hotonta a bayan takardar Naira 20. Tun tana yarinya a garin Kwali ta koyi ginin tukwane a hannun wata 'yar'uwar iyayenta. A 1954 ta shiga cibiyar koyar da ginin tukwane da Baturen Ingila Michael Cardew ya kafa a tsohon garin Abuja, wanda yanzu ake kira Suleja, daga nan kuma sunanta ya kai Turai da Amurka kafin rasuwarta a 1984.

Abin lura a nan shi ne, mafarin waɗannan mutane biyu bai buƙaci dukiya ba: fensir da takarda ne a wurin ɗaya, yumɓu a wurin ɗayar. Abu na biyu kuwa, nauyin bai tsaya a kan uwa da uba kaɗai ba. Dangi sun koyar, makaranta ta goge, hukuma ta tallafa.

Nauyin Da Ke Kan Iyaye

Ko shakka babu, iyayen wannan zamani suna cikin matsi. Binciken lafiya da yawan jama'a na Nijeriya na 2018 ya nuna cewa macen yankin arewa maso yamma takan haifi 'ya'ya fiye da shida a tsawon rayuwarta. Ke nan gida ɗaya yana iya ƙunsar mai son ƙwallo, da mai son ɗinki, da mai son kiwo, da mai kwance rediyo ya ga abin da ke ciki. Bayan janye tallafin man fetur a watan Mayu na 2023 kuɗin mota da na abinci sun yi tashin gwauron zabo, har hauhawar farashi ta haura kashi 34 cikin 100 a ƙarshen 2024, shekarar da aka tsayar da mafi ƙarancin albashi a kan Naira 70,000.

Wannan matsala ba ta ƙasashe matalauta kaɗai ba ce. A watan Agusta na 2024 babban jami'in kiwon lafiyar jama'a na Amurka, Dokta Vivek Murthy, ya fitar da gargaɗi na musamman game da halin da iyaye suke ciki. Rahoton ya kawo cewa kashi 48 cikin 100 na iyaye sun ce a yawancin kwanaki damuwa takan fi ƙarfinsu, alhali a cikin sauran manya kashi 26 ne suka faɗi haka.

Likitoci sun daɗe suna bayanin cewa doguwar damuwa da ƙarancin barci suna da hannu wajen hawan jini, kuma baligi yana buƙatar barcin sa'o'i bakwai ko fiye a kowane dare. Uban da ya ci bashi don ya sayi takalmin ƙwallo, ya kwana yana juyi saboda mai bashi, shi ne gobe zai daka wa yaron tsawa a kan abin da bai taka kara ya karya ba. Yara kuwa suna karanta fuskar iyayensu fiye da yadda ake zato. Yaron da ya gane cewa sha'awarsa ce take jawo rigima a gida, zai yi watsi da ita ko kuma ya koma yin ta a ɓoye.

Daidai Ruwa Daidai Tsaki

Mataki na farko shi ne a gwada kafin a kashe kuɗi. Sha'awar yaro takan sauya kamar iskar bazara, saboda haka mai son zane a fara ba shi fensir da bayan tsohuwar kalanda. Idan an yi wata biyu ko uku bai gaji ba, sai a ƙara masa kala. Mai son kiwo a fara masa da tattabaru biyu, mace da namiji. Tattabara ƙwai biyu take yi, a ƙyanƙyashe cikin kwana 18 ko kusa da haka, kuma bayan kimanin wata guda 'ya'yan sun isa sayarwa. Da kuɗinsu yaro zai sayi hatsin da zai ciyar da sauran, ya koyi lissafi da tattali ba tare da ya taɓa kuɗin cefane ba.

Na biyu, a yanke wa abin iyaka, a kuma faɗa wa yaro gaskiya. Babu abin kunya idan uba ya ce, "Ɗana, a wannan wata abin da zan iya ke nan, sauran sai albashi ya zo." Yaron da aka yi wa bayani yakan fi haƙuri da wanda aka yi wa alkawarin da ba a cika ba. A gidan da yara suke da yawa, musamman inda ɗakuna suka fi ɗaya, a bi da bi a fili, domin fifita baiwar wani a kan ta wani yakan haifar da gabar da za ta daɗe.

Na uku, a raba nauyi. Al'adar Bahaushe ta riga ta tanadi hanya, domin ɗa na kowa ne. Goggo mai keken ɗinki tana iya karɓar yarinya ranar Asabar, kawu makaniki ya ja mai son kwance-kwance zuwa gareji a lokacin hutu, kaka kuma ta ɗauki nauyin tatsuniya. Maƙwabta huɗu ko biyar suna iya haɗa kuɗi su sayi ƙwallo ɗaya, su riƙa karɓa-karɓa wajen sa ido a fili. Sharaɗi dai shi ne iyaye su san wanda suka miƙa wa ɗansu, su kuma riƙa leƙawa.

Na huɗu, a duba lokaci. Yaron da ya yi boko da safe, ya tafi Islamiyya da yamma, sa'an nan aka cusa masa darasin gida da dare, ba shi da sararin gano abin da yake so, mai kai shi da ɗauko shi ma bai huta ba. Sashe na 31 na Yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya kan Haƙƙin Yara ta 1989, wadda Nijeriya ta amince da ita a 1991, ya ambaci hutu da wasa a cikin haƙƙoƙin yaro. Abu ɗaya da yaro zai riƙe da kyau ya fi biyar da za a yi ta tsere a kansu.

Wajibi ne kuma a ja kunnen iyaye game da 'yan damfara masu zuwa da sunan za su kai yaro Turai buga ƙwallo. Kaɗan ne ƙwarai daga cikin masu buga ƙwallo a unguwa suke kai wa ga cin abinci da ita, don haka sayar da gona ko fili a kan irin wannan alkawari ganganci ne. Ƙwallo ta tafi tare da karatu, kada ta maye gurbinsa.

Hutun Uwa Da Uba

Mafi yawan hidimar yara a kan uwa take sauka, ita ce kuma ba a cika tambayar ko ta gaji ba. Ya kamata maigida ya ɗauki rabonsa, ko da na fita da yara ne yammacin Lahadi domin uwargida ta samu ta runtsa, ko ta ziyarci 'yan'uwanta. Shi ma yana da haƙƙin zama majalisa da abokansa. Gwajin hawan jini ba ya ɗaukar minti biyar a ƙaramin asibiti, kuma bai kamata a jira sai jiri ya kayar da mutum ba.

Hukumomi ma suna da rawar takawa. Filayen wasa da aka yanka aka yi shaguna, da ɗakunan karatu da aka bari suka lalace, nauyinsu a kan aljihun iyaye yake komawa. Kyautuwa ya yi ƙananan hukumomi su kare filayen da suka rage, makarantu kuma su farfaɗo da ƙungiyoyin manoma matasa da na wasan kwaikwayo da darasin aikin hannu.

Daga ƙarshe, abin da yaro ya fi buƙata daga iyayensa ba ya da tsada: minti goma na zama a duba motar karan da ya ƙera, a tambaye shi yadda ya haɗa ta, a sa masa albarka. Wannan kuwa sai mai lafiya da kwanciyar hankali yake iya bayarwa, domin da ruwan ciki ake jan na rijiya.