Daga Kingston zuwa Nima: yadda reggae ya haifi dancehall

Duk wanda ya bi ta Nima ko Ashaiman da yamma ya san sautin nan: ganga mai nauyi, mawaƙi yana zuba zance kamar sanƙira. Yara na ce masa dancehall, dattawa na cewa hayaniya ce kawai. To amma hayaniyar tana da asali.

A ƙarshen shekarun 1960 reggae ya fito a Jamaika, Bob Marley ya kai shi duniya da waƙoƙin 'yanci da kukan talaka. Sai dai a unguwannin talakawan Kingston ba kowa ke iya biyan makaɗa ba. Manyan lasifikoki ake jerawa a fili, a sa faifai, mutum irin U-Roy ya ɗauki makirfo yana kirari a kan kiɗan. Daga waɗannan filayen rawa sunan ya samo.

Marley ya rasu a 1981, bayan zaɓen 1980 da aka kashe ɗaruruwan mutane. Matasa suka juya ga zancen kuɗi, mata da bindiga. A 1985 kuma Wayne Smith da King Jammy suka fitar da "Under Mi Sleng Teng" da kiɗan wata ƙaramar na'urar Casio. Shi ke nan fa, ƙofa ta buɗe: yaro marar ko sisi ya zama mawaƙi.

Ina ganin abin da ya ja yaran zango ke nan. Stonebwoy ɗan Ashaiman ne, ya ci kyautar BET a 2015, ɗalibaina kuwa nasu suke ɗaukarsa.

Amma kiɗan bai zo shi kaɗai ba. A 2009 gabar Vybz Kartel da Mavado ta raba har 'yan makaranta, sai da ofishin Firayim Minista Bruce Golding ya kira su sulhu. Mu ma nan Gana mun ga irinta a 2019, ranar da rikicin Shatta Wale da Stonebwoy ya tsayar da bikin kyautar mawaƙa a Accra.

A aji na lura hani kawai ba ya aiki, wayar tana aljihu. Abin da nake yi shi ne in ce yaro ya fassara min baitin da yake rerawa zuwa Hausa, a gaban 'yan'uwansa. Wani baitin kukan yunwa ne, mu tattauna shi. Wani kuwa, wallahi kunya ke hana shi ƙarasawa. Iyaye, ku gwada a gida.