Ƙuruciyar Mamman Shata: Daga Tallan Goro A Musawa Zuwa Bikin 'Yan Sarki A Kano

Mutanen ƙasar Birnin Gwari ba su bukatar a gaya musu ko wane ne Alhaji Mamman Shata. Funtuwa, inda ya zauna kusan shekara 40, maƙwabciyarsu ce, ga hanya nan ta ratsa daji ta ɓulla can. Direbobin manyan motoci masu hawowa daga Kudu ta Tegina, su yada zango a Birnin Gwari kafin su wuce, sun sha ratsa wannan daji da muryarsa tana tashi a gaban mota. Amma galibin mutane sun san shi ne bayan ya riga ya gawurta, sa'ad da sarakuna da attajirai ke ɗokin ya ambaci sunansu. Mu yau saurayin za mu duba, wanda ubansa ke jin kunyar abin da yake yi, mu ga inda ya samo waƙarsa da waɗanda suka riƙe hannunsa.

An haife shi a Musawa cikin shekarar 1923, lokacin garin yana ƙarƙashin En'e ta Katsina. Sunansa na yanka Muhammadu. Mahaifinsa, Ibrahim Yaro, Bafillace ne, kuma babu makaɗi ko mawaƙi cikin zuriyarsu. Wannan magana ta ƙarshe kuwa babba ce, domin a zamanin nan sana'a gado ce. Ɗan maƙeri shi ke zuga zugazugi, ɗan mahauci shi ke riƙe wuƙa, ɗan makaɗi kuma tun yana rarrafe yake wasa da ganga. Wanda ya tsallaka ya shiga sana'ar da ba ta gidansu ba, sai a ce ya yi shigege, balle a ce sana'ar waƙa ce, wadda jama'a ke lissafawa cikin roƙo. Saboda haka uban ya ƙi abin ƙwarai. Shi dai burinsa yaron ya yi karatun allo, ya kama noma ko fatauci kamar kowane ɗan mutunci.

Yaron ya yi makarantar allo, aka kuma ɗora masa tallan goro, daga baya ya yi na alewa. To, a nan ne aka ce ya samo laƙabinsa. Labarin da aka fi bayarwa shi ne, in ya sayar da goro sai ya bi ya rabar da kuɗin ga waɗanda ya tarar a kasuwa ko a hanya, ya komo gida hannu rabbana. In an tambaye shi ina ciniki, sai ya ce ya yi shata da shi, watau ya watsar. Wani danginsu da ake kira Baba Salamu ya riƙa kiransa da wannan kalma, har ta bi shi ta danne sunan yanka. Mai karatu ya lura, wanda ke watsar da kuɗin talla ba kwaɗayin kuɗi ya kai shi waƙa ba, kuma shekarunsa na farko duk kyauta ya yi ta rera ta.

Makarantarsa ta waƙa kuwa dandali ce. Wanda ya tashi a ƙauye ya san yadda abin yake. In an ci tuwon dare, farin wata ya fito, sai 'yan mata su taru su yi da'ira suna gaɗa, ɗaya tana bayarwa saura suna amsawa da tafi, samari kuma na gefe da mai kalangu. Babu wanda ke zuwa da waƙa a rubuce. Abin da ya faru a gari da rana shi za a ji da dare: wanda ya yi rowa a wurin biki, wanda saniyarsa ta shiga gonar wani, budurwar da ta ƙi saurayi. Mai bayarwa tilas ya zama mai saurin tunani, domin in amshi ya zagayo ya tarar ba ka da abin faɗi, dariya za a yi maka, wani ya karɓe fage. A irin wannan wuri Shata ya fara, wajen kiɗan samari da ake kira asauwara, yana karawa da tsaransa na Musawa da ƙauyukan kewaye har ya fi su duka.

Duk wanda ya saurari waƙoƙinsa na girma da kunnen basira zai ji dandalin nan bai rabu da su ba. Amshinsa gajere ne, sau da yawa ɗango ɗaya tak, 'yan amshi su yi ta maimaita shi ba canji, shi kuwa yana zuba magana a tsakani yadda ta zo masa. Waƙa ɗaya in ya rera ta a wuri biyu, da wuya ka ji ta fito iri ɗaya. A ganinmu wannan ita ce babbar gadonsa daga Musawa, ta fi duk wani abin da ya tsinta daga baya.

Bari mu ɗan ratse a nan, domin maganar ta shafi ƙasar Birnin Gwari kai tsaye. Dajin da ya kewaye ta, wanda aka keɓe wani sashensa cikin 1936 ya zama gandun daji na En'e, aka kuma ɗaukaka shi cikin 1999 ya zama gandun ƙasa na Kamuku, ya zama maɓoyar 'yan bindiga cikin shekarun da suka biyo bayan 2010. Ƙauyuka da yawa sun watse, hanyoyi sun yi wuyar bi, kasuwar shanu ta garin ma ta yi shekaru a rufe kafin Gwamnatin Jihar Kaduna ta sake buɗe ta cikin Nuwamba 2024 bayan an yi sulhu. An ƙidaya rayuka da dukiya da aka rasa, kuma su ne kan gaba. Amma akwai wata hasara da ba ta shiga takarda: yaran da suka girma a shekarun nan, inda magariba na yi kowa ke kulle ƙofa, ba su san dandali ba. Gaskiya ne tun kafin wannan fitina talabijin da wayar hannu sun rage masa armashi a ko'ina, samarin mawaƙa na yanzu kuma a ɗakunan ɗaukar murya na Kano da Kaduna suke farawa, da fiyano da kwamfuta. Duk da haka malamin makarantar da ke da tsofaffin mata a unguwarsa masu tuna waƙoƙin gaɗa, in ya zauna da su ya rubuta, ya yi aikin da nan gaba kaɗan ba zai yiwu ba.

Mu koma kan Shata. Abu na biyu da ya gina shi, shi ne gangar da ya zaɓa. A fada akwai tambari da kotso da taushi da jauje, kowanne da ƙa'idarsa. Ibrahim Narambaɗa da kotso ya yi wa Sarkin Gobir na Isa waƙa, Salihu Jankiɗi da taushi ya yi wa Sarkin Musulmi, irin waɗannan kuma kowa da ubangidansa tsayayye. Kalangu kuwa na talakawa ne, na mahauta da 'yan mata da 'yan dambe. Ganga ce mai siririn ciki da baki biyu, tsarkiyoyi sun haɗa fatun. Makaɗi ya rataye ta a hammata, in ya matse sai murya ta hau, in ya saki ta sauka. Da yake Hausa harshe ne mai hawa da saukar murya, sai kalangu ya iya kwaikwayon magana, har mai saurare ya gane sunan da ake kira. Shata shi kansa mawaƙi ne, makaɗansa ke riƙe da kalangai. Tun da ba gangar wata fada ya ɗauka ba, babu sarkin da zai ce nasa ne shi kaɗai. Shi ya sa ya yi wa sarki waƙa, ya yi wa direba, ya yi wa manomi da soja da 'yar kasuwa, ba wanda ya ce ya ƙetare iyaka.

Irin wannan farawa ba a ƙasar Hausa kaɗai ake ganinta ba. A Ingila, Jon Lenon na ƙungiyar Beatles ya tashi a Libaful a hannun yayar mahaifiyarsa, wadda ke ganin kaɗa jita ba zai ci da mutum ba. Shi da abokansa sun koyi waƙa daga fayafayan Amurka, suka tafi Hambug ta Jamus cikin 1960 suna kwana suna kiɗa a gidajen rawa, kafin faifansu na farko da ya yi suna ya fito cikin 1962. Bambancin dai shi ne su faifai ya koya musu, Shata kuwa bakin mutane.

Sa'an nan sai ubangida. Wannan kuwa ya kamata ma'aikatan ofis su ji shi da kyau, domin ɗaya daga cikin magabatansu ne. Abdullahi Inde, ɗan sarautar Musawa, ma'aikacin En'e ne a Bakori mai kula da cinikin auduga da gyaɗa. Shi ya kira Shata ya komo Bakori kusa da shi, bayan saurayin ya ajiye faifan alewa ya rungumi waƙa gaba ɗaya. Kada a raina wannan ƙaura don tazararta ba ta da yawa. Bakori tana cikin ƙasar auduga, kusa da Funtuwa mai tashar jirgin ƙasa da injin gurza. In kaka ta yi, aka buɗe kasuwar auduga, kuɗi na shiga hannun manoma da 'yan baranda da masu motoci, sai bukukuwa su tashi ko'ina, kowane biki kuma yana neman mawaƙi. Ɗan sarauta mai albashi ya tsaya wa yaron da gidansu ke ƙyamar sana'arsa, wannan ya ba shi inuwa, ya kuma buɗe masa ƙofofin da ɗan talla ba ya isa ya ƙwanƙwasa.

Daga Bakori ya riƙa fita da jama'arsa zuwa Katsina da sauran garuruwa, ya fara shiga Kano wajen ƙarshen shekarun 1940. Cikin 1952, zamanin Sarkin Kano Abdullahi Bayero, aka yi babban bikin nan da ake kira Bikin 'Yan Sarki, inda 'ya'yan sarauta wajen 12 suka yi aure a lokaci guda. Taro ne da ya tara hakimai da attajirai da makaɗan da suka gaji abin tun kaka da kakanni. Shata yana da shekara 29, baƙo daga Lardin Katsina, ba gado ba sarautar kiɗa. Ya yi wasa a wurin, daga ranar kuwa sunansa ya fara zaga ƙasar Hausa.

Cikin 1960, shekarar da Nijeriya ta sami mulkin kai, ya tashi daga Bakori ya tare a Funtuwa. Bayan shekara biyu aka buɗe gidan rediyon Jihar Arewa a Kaduna, muryarsa ta shiga kowane zaure mai akwatin rediyo. Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya ta ba shi digirin girmamawa na dakta cikin 1988. Ya rasu a Kano ran 18 ga Yuni 1999, aka kai shi Daura aka rufe.