Riƙon Gidan Tsofaffi Ma Sana'a Ce

A Kokoro, cikin unguwar PK5 ta Bangui, tsoho a gidan ɗansa yake ƙarasa kwanakinsa, kamar dai a Kano ko Maraɗi. Sai dai rikicin 2013 da 2014 ya tarwatsa iyalai da dama zuwa Chadi da Kamaru, kuma inda 'ya'ya suka yi nisa, nauyin tsoho kan faɗa wuyan maƙwabta da jama'ar masallaci. To, in aka wayi gari an tara tsofaffi a gida ɗaya, wa za a tuhuma idan aka yi sakaci?

Amurka ta yanke wannan magana tun 1967, da ta wajabta wa jihohinta ba shugaban gidan jinyar tsofaffi lasisi. A yawancin jihohin, mai neman aikin sai ya yi digiri, ya shafe watanni yana koyo a hannun gogaggen shugaba, sannan ya ci jarrabawar lasisi da hukumar NAB ke shiryawa. Lasisin ma sabunta shi ake yi, da sharaɗin ƙaro karatu. A Ingila kuwa, manajan gidan sai ya yi rajista da hukumar CQC mai sa ido kan irin waɗannan gidaje, wadda ta fara aiki a 2009.

Shi wannan shugaba ba allura yake yi ba, ba kuma shi ke rubuta magani ba. Aikinsa albashi ne, da kicin, da littafin magunguna, da tsara masu kwanan aiki. Ɗauki tsohuwar da ɓarin jikinta ya shanye: in ba a juya ta kamar duk bayan awa biyu, gyambo zai buɗe mata a ƙugu da diddige, ya ci nama. Ma'aikaciyar dare ce ke juyawar, amma shugaba ne zai tabbatar akwai ta, kuma ba ta kaɗai aka bar wa ɗakunan duka ba. Haka mai ciwon suga da baƙo ya kawo wa kunu cike da sukari don neman lada; dole a samu mai cewa a'a cikin ladabi.

A Kano, masu hali kan kai abinci gidan gajiyayyu na Shahuci, musamman da azumi, Allah ya saka musu. Najeriya ma ta samu dokar kafa cibiyar kula da dattawa ta ƙasa a 2018. A ganina, attajirin PK5 da ke tunanin gina gidan tsofaffi ya fara da ɗaukar nauyin karatun wanda zai riƙe shi, tun kafin a sauke bulo.