Awa Huɗu A Kuala Lumpur: Yawon Da Ke Haɗa Masallaci, Kogon Hindu Da Wurin Bautar Sinawa

Da misalin ƙarfe tara na safe motar kan tsaya a ƙofar otel. A ciki direba ne da ɗan jagora, wani lokaci ma mutum ɗaya ke haɗa ayyukan biyu. Ba a cusa baƙo cikin ayarin mutanen da bai sani ba. Shi da iyalinsa ko abokan tafiyarsa kaɗai ake ɗauka, a zaga da su manyan wuraren ibada na Kuala Lumpur, babban birnin ƙasar Malesiya, a maido su masauki wajen azahar. Zagayen kan ɗauki kimanin awa huɗu, kuma galibi zango uku ne: kogon Batu na mabiya addinin Hindu, wurin bautar Thean Hou na Sinawa, sai Masjid Negara, babban masallacin ƙasa.

Kamfanonin yawon buɗe ido na tallata shi a matsayin hoton zaman lafiya tsakanin addinai. Ga ɗan Maraɗi, Damagaram ko Yamai da karatu ko fatauci ya kai Malesiya, tafiyar ta wuce ɗaukar hoto. A zango ɗaya shi ɗan gida ne, a sauran biyun kuwa baƙo ne a ƙofar ibadar da bai taɓa gani ba.

Garin da kuza ta haifa

Ƙidayar jama'a ta 2020 ta nuna Malesiya na da mutum miliyan 32.4. Musulmi ne kashi 63.5 cikin ɗari, mabiya Budda 18.7, Kirista 9.1, Hindu 6.1. Wannan gauraya tana da tarihi. A 1857 wasu Sinawa masu haƙar kuza suka sauka a mahaɗar kogunan Klang da Gombak, daga nan garin ya fara. Ma'anar sunan Kuala Lumpur a harshen Malay ita ce mahaɗar ruwa mai laka. Daga baya Turawan Ingila suka kwaso leburori daga kudancin Indiya, akasari ƴan ƙabilar Tamil, domin gonakin roba da aikin layin dogo. Kowace al'umma ta zo da addininta, ta gina wurin ibadarta. Da aka sami ƴancin kai ranar 31 ga Agusta 1957, kundin tsarin mulki ya ce Musulunci ne addinin tarayya, amma sauran addinai na da damar yin ibadarsu cikin lumana.

Matakala 272

Masu jagora sun fi son farawa da kogon Batu, tun rana ba ta yi zafi ba. Yana da nisan kusan kilomita 13 a arewa da tsakiyar birni, cikin gundumar Gombak ta jihar Selangor, gundumar da Jami'ar Musulunci ta Ƙasa da Ƙasa ta Malesiya take, wadda ɗaliban Afirka da dama ke karatu a cikinta.

Tun daga wurin ajiye motoci ake hango mutum-mutumin Murugan, ɗaya daga cikin abubuwan bautar Hindu, an shafe shi da ruwan zinariya, tsayinsa mita 42.7. An ƙaddamar da shi a watan Janairun 2006. A bayansa matakala 272 ce ta miƙe zuwa bakin kogo, wadda aka yi wa fenti kala-kala a 2018, abin da ya sa hotonta ya cika Instagram.

Hawan ba wasa ba ne. Ga zafi mai gumi, ga birai da suka saba da mutane har suna fizge leda, kwalbar ruwa ko ayaba daga hannun wanda bai yi hattara ba. A ƙasan matakalar ana duba sutura, duk wadda gwiwarta ke waje sai ta ɗaura zane kafin ta hau. A sama kogon ya buɗe kamar babban zaure, haske na saukowa ta wata kafa a rufin dutsen, ƙamshin turaren wuta na tashi. Duk wanda zai taka dandamalin bauta sai ya cire takalmi.

Wani attajirin Tamil mai suna K. Thamboosamy Pillai ne ya mayar da kogon wurin bauta a wajajen 1890, kuma tun 1892 ake bikin Thaipusam a nan, tsakanin Janairu da Fabrairu. A ranar dubban ɗaruruwan mutane ke hawa, wasu ɗauke da tulun madara a ka, wasu da wani ƙaton kaya mai ado da ake kira kavadi, wasu ma sun soke kumatu ko fatar baya da tsinken ƙarfe domin cika alwashi. Duk wanda ziyararsa ta faɗa cikin kwanakin bikin, awa huɗu ba za ta ishe shi ko zango ɗaya ba.

Jajayen fitilu a kan tudu

Daga can mota kan juyo kudu, ta haye tudun Robson inda Thean Hou yake. Sinawan da asalinsu tsibirin Hainan ne suka tara kuɗi suka gina shi, aka kammala a 1987, aka buɗe a hukumance a 1989. Gini ne mai hawa shida, da jajayen ginshiƙai, da siffofin dodanni a kan rufi, da ɗaruruwan fitilun takarda rataye a tsakar fili.

An keɓe shi ga Mazu, wadda masunta da matuƙan jiragen ruwa na kudancin Sin suka yi imani tana tsare su a teku. Abin da kan ɗaure wa baƙo kai shi ne a ɗaki ɗaya ake haɗa koyarwar Budda, ta Tao da ta Konfushiyas, ba tare da masu ibadar sun ga wani karo a ciki ba. Wurin kuma ofishi ne na rajistar aure, shi ya sa ba wuya a ci karo da ango da amarya suna ɗaukar hoto, ƴan yawon buɗe ido na ratsawa ta gefensu.

Masallacin da ke kama da laima

Masjid Negara ba shi da irin ƙubbar da aka saba gani. Rufinsa na kankare ne, an naɗe shi kamar buɗaɗɗiyar laima mai kusurwa 16, hasumiyarsa mai tsayin mita 73 kuma kamar laimar da aka rufe. A ƙasar da ruwan sama ba ya yankewa, saƙon a fili yake. An buɗe shi ranar 27 ga Agusta 1965, yana ɗaukar masallata 15,000. Mutum uku suka zana shi: Baturen Ingila Howard Ashley da ƴan ƙasa biyu, Hisham Albakri da Baharuddin Kassim.

Labari biyu masu jagora ke yawan bayarwa a nan. Na farko, a filin akwai wata majami'a da ta tsaya tun 1922, kafin gwamnati ta karɓi wurin. Na biyu, cikin kuɗin da jama'a suka ba da gudummawa domin ginin har da na Sinawa da Indiyawa waɗanda ba Musulmi ba. Haka kuma an so a sa wa masallacin sunan firaministan farko, Tunku Abdul Rahman, ya ƙi, ya ce a kira shi masallacin ƙasa.

A nan lissafi kan juya. Musulmi na alwala ya shige sahu kamar yana gida. Wanda ba Musulmi ba kuwa yana da sa'o'in da aka ware masa tsakanin salloli, ana ba shi aron doguwar riga, mace a haɗa mata da mayafi, kuma iyakarsa ƙofar babban ɗakin sallah, daga nan yake leƙawa. Ranar Juma'a sai bayan an sauko ake buɗe wa baƙi. Wato abin da aka nema daga Musulmi a kogon Batu, na rufe jiki, cire takalmi da sanin inda zai tsaya, shi ake nema daga ɗan Hindu a nan.

Abin da takardar talla ba ta faɗa

Wanda ya tsaya ga abin da ya gani daga tagar mota zai ɗauka ba a taɓa samun saɓani ba. An samu, kuma ana samu. Ranar 13 ga Mayu 1969, bayan zaɓe, rikicin ƙabilanci ya ɓarke a Kuala Lumpur tsakanin Malay da Sinawa. Alƙaluman hukuma sun ce mutum 196 suka mutu. Bayansa ne a 1970 aka fito da Rukun Negara, shika-shikan ƙasa guda biyar da yara ke haddacewa a makaranta, na farkonsu imani da Ubangiji.

Daidaiton ma yana da iyaka. A tsarin mulki, kafin a kira mutum Malay sai ya kasance Musulmi, kuma jihohi na da ikon hana yaɗa wani addini a tsakanin Musulmi. Akwai shari'ar da Bahaushe zai yi mamakinta: an shafe shekaru a kotu kan ko jaridar Katolika mai suna Herald na iya amfani da kalmar Allah a bugunta na harshen Malay. Babbar kotu ta ba ta gaskiya a ƙarshen 2009, aka kai wa wasu majami'u hari da wuta a Janairun 2010, kotun ɗaukaka ƙara ta soke hukuncin a 2013, kotun ƙoli kuma ta ƙi sake buɗe maganar a 2014. A ƙasar Hausa kuwa Musulmi da Kirista duk Allah suke cewa, haka yake a Littafi Mai Tsarki na Hausa.

Akwai kuma rigimar fili. A watan Nuwamban 2018 tarzoma ta tashi kan batun tayar da wani wurin bautar Hindu a Subang Jaya, wani matashin ma'aikacin kashe gobara ya ji rauni, ya rasu a Disamba. A watan Maris na 2025 an sake zafafa muhawara a tsakiyar Kuala Lumpur, inda wani kamfanin yadi ya so gina masallaci a filinsa, alhali akwai wurin bautar Hindu da ya haura shekara ɗari a kai. An daidaita a kan a matsar da wurin bautar kimanin mita 50, sannan firaminista Anwar Ibrahim ya aza harsashin masallacin.

Ƴan Nijar sun san yadda irin wannan wuta ke saurin kamawa. A ranakun 16 da 17 ga Janairu 2015, zanga-zangar ƙin zanen ɓatanci na jaridar Charlie Hebdo ta rikiɗe a Damagaram da Yamai, mutum 10 suka rasa rayukansu, aka ƙona majami'u da dama, a ƙasar da Kirista ba su kai kashi ɗaya cikin ɗari ba.

A shiga ko a tsaya a waje?

Tambayar da Musulmi da yawa ke yi kafin su biya kuɗin zagayen ke nan, kuma su ma ƴan Malesiya ba su gama da ita ba. A watan Maris na 2023, bayan ce-ce-ku-ce kan wani shiri na kai matasa ziyara wuraren ibada daban-daban, hukumomin addinin Musulunci na jihar Selangor, inda kogon Batu yake, suka hana Musulmi shiga irin waɗannan shirye-shirye a wuraren bautar waɗanda ba Musulmi ba. A Fabrairun 2025 kuma, da aka kawo shawarar kafa ƙa'idoji ga Musulmin da ke halartar bukukuwan wasu addinai, majalisar ministoci ta yi watsi da ita. Anwar Ibrahim ya ce babu buƙata, domin Musulmi sun san iyakarsu. Ya yi maganar ne a yayin wata ziyara da ya kai kogon Batu gab da bikin Thaipusam.

A aikace, kowace rana ana ganin mata masu hijabi a kan matakalar Batu suna ɗaukar hoto. A nan ne amfanin zagayen da ba na ayari ba yake fitowa. Baƙo na iya gaya wa jagora tun a mota cewa zai kalli gini daga waje, ko ba zai karɓi tokar da ake shafa wa masu ziyara a goshi ba, ko a tsara tafiyar yadda azahar za ta riske shi a Masjid Negara. Ba mai tilasta masa, kamar yadda shi ma ba a so ya tsaya gaban mai ibada da waya, ko ya yi dariyar abin da bai fahimta ba.

Kuɗi da dabara

Shiga wuraren uku kyauta ne. Abin da ake biya kuɗin mota ne da direba da bayanin jagora, kuma farashin kan sauka idan mutane sun yi yawa. Dokar ƙasar ta wajabta wa mai jagorar baƙi mallakar lasisi daga ma'aikatar yawon buɗe ido, saboda haka yana da kyau a tambaya tun kafin a biya ko jagora ne zai zo ko direba kawai, domin wasu kan sauke mutum a ƙofa su jira shi a mota. Ɗalibin da aljihunsa bai kai ba yana iya hawa jirgin ƙasa na KTM Komuter daga tashar KL Sentral, wanda ke tsayawa a gindin kogon Batu, sauran wuraren kuma ya kira mota ta manhajar Grab.

Wanda ya sami ragowar lokaci, ya roƙi a sauke shi a titin Tun H.S. Lee maimakon otel. A nan Sri Mahamariamman yake, wurin bautar Hindu mafi tsufa a birnin, wanda Thamboosamy Pillai ɗin nan ya kafa a 1873. Tsallaken titi kaɗan akwai wurin bautar Guan Di na Sinawa. Tafiyar ƴan mintoci a ƙafa kuma sai Masjid Jamek, wanda aka buɗe a 1909 daidai mahaɗar kogunan da garin ya samo sunansa. Daga wannan titi ne kowace shekara ake fito da keken azurfa na Murugan cikin dare, a ja shi har kogon Batu, ƴan sanda, waɗanda akasarinsu Musulmi ne, na tare masa hanya.