Amrish Puri, bos ɗin da ya fara da aikin ofis

Masu kallon fim ɗin Indiya a ƙasar Hausa sun daɗe da raba 'yan wasa gida biyu: jarumi da bos. Jarumi ne ake manna hotonsa a ƙofar silima, shi ke waƙa, shi ke samun budurwa. Amma akwai wani rukuni da ba su cika samun wannan gata ba, masu hawa matsayin uba, alƙali, boka ko mugun attajiri. Sau da yawa su ne ke riƙe da fim ɗin, domin in bos bai cika bos ba, dukan da jarumi zai yi masa a ƙarshe ba zai gamsar da kowa ba.

Amrish Puri ya isa misali. An haife shi a 1932 a yankin Punjab. Yayyensa biyu, Chaman da Madan, sun riga shi shiga harkar fim, amma da aka yi masa gwajin farko sai aka ce bai dace ba. Ya kama aiki a hukumar inshorar ma'aikata, da rana ofis, da yamma wasan daɓe a ƙarƙashin Satyadev Dubey. Sai da ya doshi shekara arba'in kafin ya fito a Reshma Aur Shera a 1971.

A ganina jinkirin nan alheri ya zame masa. Daɓe ne ya horar da muryar nan tasa mai kauri, ya koya masa razana mutum da zare ido kawai, ba sai ya ɗaga hannu ba. Steven Spielberg ya ba shi matsayin Mola Ram a Indiana Jones and the Temple of Doom, wanda ya fito a 1984. Saboda wannan fim ya yi ƙwal kwabo, kuma askin ya karɓe shi har ya ci gaba da yi. A 1987 ya zama Mogambo a Mr. India, sunan da har yau wasu ba su san shi da wani ba. Ya taɓa talabijin ma, a shirin Tamas na 1988 kan rabuwar Indiya da Pakistan.

Haɗarin wannan sana'a shi ne a ɗaure mutum a turke ɗaya, kullum mugu. Puri ya tsinke igiyar a 1995, a Dilwale Dulhania Le Jayenge. Uba ne mai tsauri da ya hana 'yarsa wanda take so, amma dubi yadda yake watsa wa tattabaru tsaba a Landan yana kewar gida. Da wuya ka tsane shi. Jarumi kan ji tsoron furfura, shi kuwa tsufa ƙara masa kasuwa ya yi. Ya rasu a Mumbai ranar 12 ga Janairu, 2005, bayan fitowa a fina-finai sama da 400.