Zaɓen Sanatan Kebbi ta Tsakiya na 2023

Kowace jiha a Najeriya tana da sanatoci uku, wa'adinsu shekara huɗu, kuma ba a ƙayyade musu yawan tazarce ba. Ƙaramar Hukumar Gwandu tana cikin mazaɓar Kebbi ta Tsakiya, tare da Kalgo, Jega da Birnin Kebbi.

A zaɓen 25 ga Fabrairu, 2023, sanata mai ci, Muhammad Adamu Aliero, ya nemi komawa kujerarsa. Takun-saƙa da gwamnan jihar na lokacin, Atiku Bagudu, ya sa ya fice daga APC zuwa PDP a 2022. A zaɓen ya kara da Bagudu, wanda ya taɓa riƙe wannan kujera, kuma ya kayar da shi.