Matar da Miji Ya Cuta Ba Ta Mayar da Sadaki

Daga Wakilinmu na Arewa, Abuja

A Kotunan Yanki na Abuja, irin su Gwagwalada da Kubwa, ba a rasa matar da ke neman a raba ta da miji saboda duka. Sai mijin ya ce ya yarda, amma a biya shi sadakinsa. To jama'a, wannan hul'i ke nan, na wadda ta ƙi miji haka kawai. A Malikiyya, wadda alƙalanmu ke bi, in mace ta kawo shaidun cuta, ko da maƙwabtan da labarin ya bazu cikinsu ne, alƙali zai raba auren ba ta biya ko kwabo ba.

Rigimar tana wajen ciyarwa. Irin wannan saki ba kome a cikinsa, don haka wurin kwana kaɗai ke gare ta a idda, sai in tana da ciki. Ciyar da 'ya'ya kuwa na uba ne, ko yana Agege ko Sabo ta Badun. Kuɗin da Babbar Kotu ke yanka wa miji bisa dokar aure ta 1970, wannan na masu auren rajista ne.

Tun 2015 kuma dukan matar aure laifi ne a Abuja, mai ɗaurin da zai kai shekara 3.